Mariƙin gaban bindiga: miƙaƙƙe ko karkatacce?

Ɗan'uwa, ka ce kana da raifil mai lasisi, ƙirar AR-15, kana zuwa filin gasar harbi da ita, yawancin harbinka a tsaye ne, kuma da ka ɗan jima sai wuyan hannunka na hagu ya fara zugi. Ka ga mariƙin gaba, wato abin da ake ɗaurawa a ƙasan gaban bindiga don hannun hagu ya kama, iri biyu, wanda ya sauko ƙasa sak da wanda ya kwanta a karkace, kana son sanin wanne za ka saya da yadda ake ɗaura shi. Da ni ne kai, gajeren miƙaƙƙe zan ɗauka. Sai dai kafin ka fitar da kuɗi ka sani cewa wurin da ka ɗaura shi ya fi siffarsa tasiri a kan wannan ciwon, kuma a nan ne mutane da yawa suke yin kuskure.

Miƙaƙƙen mariƙi tsohon abu ne. Bindigar Thompson ta 1921 da shi ta fito. Romaniya ta sassaƙa shi da katako a jikin ƙirarta ta AK mai suna PM md. 63, ya ɗan karkata gaba, da suka yi md. 65 mai gindin da ake naɗewa ta ƙasa kuma suka juya shi ya kalli baya don gindin ya sami hanyar wucewa. Steyr AUG ta Ostiriya, wadda ta fito a ƙarshen shekarun 1970, nata ma naɗe shi ake yi. Amma abin da ya yaɗa shi a kan irin bindigarka shi ne M4 ta sojojin Amurka a shekarun 1990. Rigar bututunta, wato wannan sashen da ya lulluɓe bututun inda hannun hagu ke kamawa, gajera ce, inci 7 ko kusa da haka. Da aka jera mata tocila da na'urar leza sai hannu ya rasa wurin zama, dole aka saukar masa da sanda a ƙasa ya kama. Ka ga ke nan rashin wuri ne ya kawo shi. Wanda rigar bututunsa ta kai inci 13 ko 15, babu komai a kanta, ba shi da wannan matsalar tun farko.

Na faɗi wannan ne saboda yadda sababbin masu harbi ke riƙe shi. Mutum ya dunƙule hannu a kansa kamar ya kama taɓarya, yatsu biyar duk a ƙasa. Idan ka yi haka hannunka ya yi nisa da layin bututu, ya koma ƙasa da shi sosai. Duk ɗan motsin da ka yi sai bindigar ta jirkice hagu ko dama, kuma idan ta yi shuri bakinta zai ɗaga ba abin da ke danne shi daga sama. Waɗanda suka daɗe a harkar ba haka suke yi ba. Tafin hannu yana kan rigar bututun, babban yatsa yana kwance a gefe ko a sama yana kallon gaba, ƙaramin yatsa da na kusa da shi ne kawai suke jingine da mariƙin, suna jan bindigar baya zuwa cikin kafaɗa. Mariƙin ya zama madogara ke nan. Shi ya sa dogon nan mai kama da sandar tsintsiya ya ragu a hannun mutane, gajeru suka maye gurbinsa. Rabinsa na ƙasa ba ya aikin komai sai kama kaya da maratayi.

Karkataccen kuwa daga wannan riƙon aka haife shi. Kamfanin Magpul ne ya fito da wanda ya yi suna, AFG, a wajejen 2010. Tunda masu harbi sun riga sun daina dunƙule hannu, sai aka yi musu abin da zai cike ramin tafin hannu a daidai karkatar da wuyan hannu yake so. Miƙa hannunka gaba yanzu kamar za ka nuna wani abu can nesa, kada ka matse komai. Za ka ga tafin bai kalli sama sosai ba, bai kuma tsaya a miƙe ba, yana tsakani. Wannan tsakanin karkataccen yake bi. Hannu yana zama kusa da bututu, bakin bindiga ya fi biyayya idan kana tsallakawa daga wannan allo zuwa wancan, kuma duk lokacin da ka ɗaga ta hannun yana sauka wuri ɗaya ba tare da ka duba ba.

To me ya sa ban ce ka saye shi ba, alhali ciwon wuyan hannu kake kuka da shi? Saboda riƙo ɗaya kawai ya sani. Idan karkatarsa ta dace da tsawon hannunka da faɗin tafinka, ka huta, babu wanda zai raba ka da shi. Idan ba ta dace ba, babu yadda za ka yi, domin ba ya ba ka zaɓin sauya kamu. Yana kuma cin wuri, yakan mamaye wani dogon sashe na ƙasan rigar. Gajeren miƙaƙƙe rami ɗaya yake ci daga cikin ramukan ɗauri da ke jikin rigar, kuma yana karɓar riƙo iri-iri. Kana iya jingina yatsu biyu da shi daga gaba, idan ka gaji ka janyo hannu ka dafe shi gaba ɗaya gwiwar hannu ta sauko kusa da haƙarƙari ta huta, idan gasar tana da shinge ko katako da ake harbi daga bayansa ka tokare shi a jikin katakon ka jingina nauyinka. Wannan na ƙarshen karkatacce ba ya yin sa da kyau, yakan zame.

Akwai maganar zafi. Rigar alminiyam siririya tana ɗaukar zafi da wuri idan aka yi harbi a jere. Karkatacce yana kare tafin hannu daga ƙasa, amma yatsunka suna nan a kan ƙarfen. Miƙaƙƙe ne kaɗai ke ba ka inda za ka gudu gaba ɗaya. A ɗaya ɓangaren, idan kana yawan kwanciya ko ɗora bindiga a kan buhun yashi, karkatacce ya fi shi zama lafiya, miƙaƙƙe kuwa yakan tokare buhun ya hana bindigar shimfiɗuwa. Wanda harbinsa duk na kwance ne ko na kan tebur, ko mai bindigar farauta da ake sarrafa ta da hannu harsashi ɗaya-ɗaya, ni a ganina ba ya buƙatar ko ɗaya daga cikinsu, ƙafafun nan biyu da ake naɗewa sun fi masa amfani.

Akwai na uku da ba ka ambata ba, ɗan ƙaramin tokari mai kama da ƙaho, wanda aikinsa kawai ya tsayar da hannu wuri ɗaya ya kuma hana shi zamewa gaba. Ba shi da nauyi, ba ya kama kaya. A gajeriyar bindiga, inda hannu ke kusa da baki, yana da muhimmanci ƙwarai. A taka, zai yi, sai dai ba zai ba ka wurin hutawa ba.

Yanzu wuri. Kafin ka sayi komai, cire gidan harsashi, ja abin ɗana bindigar baya ka leƙa ɗakin harsashi, wato inda harsashi ke zama a gindin bututu, da idonka, ka kuma taɓa da yatsa, ka fitar da harsasai daga ɗakin da kake aiki. Sannan tsaya yadda kake tsayawa a fili, baki yana kallon inda babu kowa, rufe ido, ɗaga bindigar zuwa kafaɗa. Buɗe ido ka ga inda hannun hagu ya sauka. Maimaita sau goma, ka manna ɗan salatif a bayan ƙaramin yatsanka. Wurin ke nan. Gwiwar hannu ta kasance da ɗan lanƙwasa, kada ta miƙe ƙyam. Ina zargin ciwonka daga nan yake: ko kana miƙa hannu can gaba irin na 'yan gasar da ka gani, alhali tsawon hannunku ba ɗaya ba ne, ko ka matso da shi dab da gidan harsashi har wuyan hannun ya lanƙwashe baya. Ka duba gindin bindigar ma, idan mai ja da turawa ne. Rage shi mataki ɗaya yakan sauya inda hannun gaba ke sauka gaba ɗaya. Na sha ganin wanda ciwonsa ya tafi da wannan gyaran kaɗai.

Sai ka san irin maɗaurin da ke jikin rigar bindigarka, domin mariƙin wani tsari ba ya hawa wani. Idan ka ga dogon ƙarfe mai haƙora a jere kamar tsani, Picatinny ne, wanda Amurka ta tsayar da ma'auninsa a 1995 da lambar MIL-STD-1913, sunan kuma daga ma'aikatar makamai ta Picatinny da ke jihar New Jersey. Faɗin kowane tsagi milimita 5.23 ne, daga tsakiyar wannan zuwa tsakiyar na gaba kusan milimita 10. Idan ramuka ne masu kama da ramin makulli, KeyMod ne na 2012. Idan dogayen ramuka ne masu kusurwa huɗu, milimita 32 a tsawo da 7 a faɗi, M-LOK ne na Magpul, 2014. A gwajin da cibiyar sojan ruwan Amurka ta Crane ta yi, wanda sakamakonsa ya fito a 2017, da aka riƙa sakin bindigogi suna faɗuwa, kayan da ke kan M-LOK duk sun tsaya a wurinsu, na KeyMod kuwa kashi ɗaya cikin uku ne suka tsaya. Tun daga lokacin kasuwa ta karkata ga M-LOK. Idan shi ne naka, sayi mariƙin da ke hawa kai tsaye, kada ka sa guntun Picatinny a tsakani, ƙarin nauyi ne da ƙarin sukurori masu iya kwancewa.

Ɗaura shi a Picatinny ba wuya. Ka sassauta, ka zura sukurun ya faɗa cikin tsagi, ka ja mariƙin ya jingina da haƙorin sannan ka ɗaure. M-LOK ne ke son natsuwa. A ƙarshen kowane sukuru akwai ɗan noti mai siffar T. Daidaita ratar da ke tsakanin notin da gindin mariƙin ta ɗan fi kaurin bangon rigar kaɗan, jera notin da tsawon ramin, zura shi, sannan ka fara juya alanki a hankali. Notin zai juya kwata ɗaya ya gitta ramin ya tsaya, daga nan ne ɗauri ke farawa. Haska tocila ta ramin da ke gefe ka gani da idonka. Idan ratar ta yi kaɗan, notin ba zai sami wurin juyawa ba, za ka ji ya yi tauri ka zaci ya kama, alhali bakin ramin kawai yake ci. Idan ta yi yawa sai ya yi ta zagayawa. Ƙarfin ɗaurin da Magpul ya bayar shi ne inci-fam 35 idan ƙarfe ne a kan ƙarfe, inci-fam 15 idan ɗaya daga cikinsu roba ne. Sha biyar ɗin nan ba shi da yawa ko kaɗan, yatsu biyu a gajeren gefen alanki sun kusa kai shi, wanda ya sa ƙarfin damtse zai fasa robar. Idan kana da sukundireba mai awon ɗauri, yi amfani da ita. Idan sukurun bai zo da ɗigon maganin hana kwancewa ba, sa masa shuɗin, kada ka sa jan, shi sai da wuta yake sakin sukuru.

Abu ɗaya da nake roƙonka kada ka tsallake. A siririyar riga, tsinin sukuru yana iya taɓa bututu, ko ƙarfen nan da ke zaune a kansa yana karɓar iskar harbi. Ya taɓa faruwa da ni. Na ɗaura mariƙi, na je fili, harsasan da suka saba taruwa wuri ɗaya suka watse a kan allo, na yi ta zargin madubin saiti da harsashi. Da na cire mariƙin na haska ciki sai ga ɗan tabo mai sheƙi a jikin baƙin ƙarfen, daidai inda sukurun ya tokare. An yi rigar ne don kada komai ya taɓa bututun, ni kuma na haɗa su da kaina. Zura 'yar takarda tsakanin tsinin sukurun da ƙarfen, idan ta wuce ba ta maƙale ba, lafiya. Idan ta maƙale, matsa rami ɗaya gaba ko baya, ko ka nemi gajeren sukuru.

Ka kuma bincika dokar inda kake kafin ka saya, domin ɗan wannan abin yana iya sauya matsayin bindiga a idon hukuma. A Amurka, ɗaura miƙaƙƙen mariƙi a kan bindigar da aka yi wa rajista a matsayin ta hannu yana iya jefa ta ƙarƙashin dokar tarayya ta 1934, wadda ke buƙatar rajista ta daban, kuma jihar Kalifoniya tana lissafa shi cikin siffofin da ta taƙaita a kan wasu raifil. Wasu rukunonin gasa ma ba sa yarda da shi, don haka tambayi alƙalan filinku.

Idan ka gama ɗauri, ja ɗan layi da fenti daga kan sukurun zuwa jikin mariƙin. Ranar farko a fili ka tafi da alankinka a aljihu, ka duba layin bayan zagaye na farko, idan ya gota ka ƙara ɗaurewa. In wuyan hannun ya ci gaba da zugi, matsa mariƙin rami ɗaya baya ka sake gwadawa kafin ka yi tunanin sayen karkatacce.