Asibitin dabbobin da muka kai karen gadinmu kan ciwon gwiwa, ga yadda na gan su

Masu ajiye manyan karnuka irin su Boerboel da Rottweiler, in kun ga kare yana ɗage ƙafar baya ko in ya zauna yana miƙe ta gefe guda, don Allah kar a ce targaɗe ne zai wuce. Namu haka ya fara, muka kai shi wani ƙaramin asibitin dabbobi a nan Kaduna, dokta ya kama cinyar ya ɗan ja ƙwaurin gaba, ya ce jijiyar cikin gwiwa ce ta fara yagewa, irin wadda ke kwantar da 'yan ƙwallo.

Abin da ya burge ni bai ɓoye mana komai ba. Ya ce karen da ya haura kilo 15 in jijiyar ta tsinke gaba ɗaya yawanci sai tiyata, kuma sau da yawa ɗayar gwiwar ma takan biyo baya, shi ya sa tun ranar ya sa aka rage masa tuwo da ragowar abincin gida don nauyi ne ke cin gwiwar.

A atisayen da ya koya mana mu riƙa yi wa karen ne za ka san kuɗinka bai tafi a banza ba wallahi. Tafiya da igiya a hankali sosai, minti 5 da farko, saboda in ka yi sauri zai ɗage ƙafar ne ya tafi da uku. Sai zauna-tashi, ka manna shi da bango ta ɓangaren ƙafar mai ciwo yadda ba zai iya karkata ta ba, kana riƙe da ɗan nama yana tashi yana zama, cinyar da ta tsotse kana kallo tana cikowa. Daga baya aka ƙara tsallake sanduna da aka jera a ƙasa da hawa ɗan tudu. Tayil kuwa an hana shi takawa sai da muka shimfiɗa tsohon kafet, kuma ya ja mana kunne sosai kan ibuprofen, ya ce yana lalata wa kare ciki da ƙoda.

Inda suka gaza, ba sa rubuta maka komai a takarda, duk da baki ne, sai ka koma gida kana ta kiran waya ba a ɗauka. Babu wurin iyo na yi wa kare atisaye a ruwa, na'urar hoton ƙashi ma babu, sai da muka je asibitin koyarwa na dabbobi na ABU Zariya. Zan koma dai, amma in za ka je ka ɗauki bidiyon dokta da wayarka lokacin da yake nuna atisayen.