Karatun likitan haƙori: a gida, Indiya ko Masar? Duba shekarar horo kafin ka biya kuɗi

Mafi yawan iyaye kuɗin makaranta da na masauki suke lissafawa idan za su tura yaro karatun likitan haƙori. Ba kasafai suke tambaya kan shekarar sanin makamar aiki ba, wato shekarar da ɗalibi ke zagaya sassan asibiti ƙarƙashin manyan likitoci. Alhali nan ne rigimar take, wani lokaci har gaban alƙali.

A Najeriya karatun shekara 6 ne, kamar a Jami'ar Bayero ta Kano ko Jami'ar Maiduguri. Digiri yana fita tukuna, hukumar MDCN mai kula da aikin likitoci da likitocin haƙori ta ba da lasisin wucin gadi, a yi horon wata 12 a asibitin da ta amince da shi, sannan cikakken lasisi da bautar ƙasa. Ana biyan albashi, amma samun gurbi kan ɗauki lokaci. Rashin biyan masu wannan horo yana cikin abin da ya jawo yajin aikin ƙungiyar likitoci ta NARD a Afrilun 2021. A 2023 kuma ɗan majalisa Ganiyu Johnson ya kawo ƙudirin hana likitoci, har da na haƙori, cikakken lasisi sai sun yi aikin shekara 5 a ƙasar. Ya tsallake karatu na biyu a Majalisar Wakilai, ƙungiyoyin likitoci suka ce ba za ta saɓu ba, kuma bai zama doka ba.

Indiya ce ta fi buƙatar a tsaya a kanta. Can shekara 4 ake yi a aji, sai shekara 1 ta horo, kuma horon yana cikin digirin ne. Ma'ana, ko ka ci jarrabawar ƙarshe, takardarka tana hannun kwalejin har ka gama zagayen. In an samu saɓani kan alawus ko ranakun da aka ce ka yi fashi, kai ne a ƙasa, ga biza tana ƙarewa. Su kansu 'yan ƙasar sun sha kai ƙara Kotun Ƙoli kan ranar da hukuma ta tsayar a kammala horon kafin a shiga jarrabawar NEET-MDS ta neman ƙwarewa. To ɗan ƙasa ke nan, mai lauya a garinsu, balle baƙo. Ga dokar ma takan sauya: a 2007 an mai da karatun shekara 5 ba horo, a 2011 aka dawo da tsarin 4 da 1.

Masar shekara 5 ce da shekarar horo da suke kira imtiyaz, kuma mai ɗan Larabci zai fi jin daɗin hulɗa da marasa lafiya. Sudan kuwa, tun yaƙin Afrilun 2023, ba zan ba kowa shawararta ba.

Duk inda aka je, mai digirin waje sai ya zauna jarrabawar tantancewa ta MDCN kafin ya taɓa bakin majinyaci a Najeriya. Hukumar ba ta wasa da aikin hannu: a 2022 ta ce ba za ta karɓi digirin Yukren da aka ƙarasa ta intanet ba.

Ni dai in yaro ya samu gurbi a gida, gida zan zaɓa. In dole sai waje, kada ka dogara da bakin dillalin makarantu. Ka nemi amsa a rubuce: horon kafin digiri yake ko bayansa, ana biyan baƙo alawus ko shi zai biya, bizar ta haɗa da wannan shekarar? Sannan ka rubuta wa MDCN ka ji ko ta san makarantar, da ko horon can zai ɗauke wa yaron na nan.