Yawon jirgin ruwa zuwa Spinalonga: tsibirin ya ci kuɗinsa, amma lokacin da aka ba mu ya yi kaɗan

Jama'a ga duk wanda Allah ya kai shi Girka, musamman ɓangaren gabas na tsibirin Kirit, ga bayani a kan yawon jirgin ruwan nan na wuni ɗaya da za ku ga ana tallarsa a kowane lungu na garin Agios Nikolaos, wato zuwa ɗan tsibirin Spinalonga. Matsayata tun farko ita ce a je, wallahi a je, wurin ya isa a gani. Sai dai a san irin tikitin da za a yanka, don tsarin kamfanin da muka bi ya fi ba wanka da gashin nama muhimmanci a kan abin da ya fito da mu daga otal, kuma wannan abin ya tsaya min a rai sosai.

Jirgin dai ba laifi, babba ne mai hawa biyu, akwai banɗaki mai tsafta, akwai ɗan shago na ruwa da lemo da kofi, ma'aikatan kuma suna da fara'a. Da safe muka tashi daga tashar jiragen garin, aka shiga gaɓar tekun da suke kira Mirabello, ruwan nan shuɗi tas har kana hango ƙasa a wasu wuraren. Wanda ke son inuwa ya zo da wuri ya kama kujerar ƙasa don saman nan rana ce kawai, turawa su ita suka zo nema. In kuma kana da jiri a ruwa ka sha magani kafin a tashi, a watannin Yuli da Agusta akwai wata iska mai ƙarfi da ke tasowa daga arewa, meltemi suke ce mata, in ta motsa jirgi na rawa ba kaɗan ba. Bayanin da ake yi ta lasifika a hanya kuwa kar ma ka sa rai, ƙarar inji ta cinye rabi, sauran rabin kuma ana maimaita shi ne da yaruka daban-daban, kafin a zo kan turanci an wuce abin da ake nunawa.

Kuɗin shiga tsibirin daban yake, ba ya cikin tikitin jirgi, a bakin ƙofa ake biya don wurin yana hannun ma'aikatar al'adu ta Girka. An rubuta haka a takardar amma da ƙananan baƙaƙe can ƙasa, na ga mutane da yawa suna ta mita a layi. Ka riƙe yuro ɗinka a hannu kawai.

To yanzu ga inda kuɗina ya halatta. Matar da ta zagaya da mu, dattijuwa ce 'yar yankin, da katin lasisinta rataye a wuya don a Girka ba kowa ke tashi ya ce shi mai yi wa baƙi jagora ne a wuraren tarihi ba sai mai lasisi, baiwar Allahn nan ta san aikinta. Tun daga bakin ruwa ta tsayar da mu ta nuna mana ganuwar, ta ce mutanen birnin Venis na Italiya ne suka gina ta a 1579 don tsare mashigar tekun garin Elounda da ke kusa da wuraren samar da gishirinsu. Ganuwar ta yi ƙarfin da ko bayan Turkawan Daular Usmaniyya sun karɓe babban birnin Kirit a 1669, wannan ɗan dutsen bai faɗa hannunsu ba sai 1715. Daga nan Musulmi suka zauna a ciki, suka yi gidaje da kasuwa da masallaci, har yawansu ya haura dubu a ƙarshen ƙarni na 19, 'yan kasuwa ne da masu jiragen ruwa. Titin kasuwar tasu yana nan har yau, an gyara wasu shagunan an yi musu fenti an mayar da su ɗan gidan tarihi. Na ji daɗi da ba ta tsallake wannan ɓangaren ba, ta ba shi haƙƙinsa, don na lura wani mai jagoran da ke gabanmu da tawagarsa jimla biyu ya yi a kai ya wuce.

Amma abin da ya sa duniya ta san Spinalonga shi ne kuturta. A 1903 gwamnatin Kirit ta lokacin ta yanke cewa nan za a riƙa killace kutare, a 1904 aka fara kawo su, bayan Kirit ta haɗe da Girka a 1913 kuma aka riƙa kawowa daga sauran sassan ƙasar. Akwai wata ƙofa mai kamar rami a cikin ganuwar, doguwa mai lanƙwasa, in ka shiga ba ka ganin ƙarshenta, ta nan marasa lafiyan ke shiga. Matar ta sa muka bi ta ciki a hankali ba surutu, ta ce mu tuna wanda ya bi ta nan a wancan lokacin ya san ba zai koma gida ba, ga ƙauyen Plaka nan tsallaken ruwa yana kallonsa kullum, kusa ƙwarai, amma ya fi ƙarfinsa. Ni dai jikina ya yi sanyi. Na tuna wuraren kula da kutare namu na gida, Yadakunya a Kano, Amanawa a Sakkwato, Babbar Ruga a Katsina, da irin ƙyamar da har gobe wasu ke nuna wa bayin Allahn da cutar ta taɓa, ba a cin abinci da su ba a auren 'ya'yansu.

Ta ce shekarun farko wahala ce zalla, an zuba mutane a tsofaffin gidajen da Turkawa suka bari, ba likitan kirki ba magani, ɗan alawus ɗin gwamnati ba ya kai su ko'ina, ruwan sha ma sai na sama da ake tarawa a tsofaffin rijiyoyin ganuwa. Sai a 1936 aka kawo wani matashi ɗalibin lauya daga jami'ar Atens, Epaminondas Remountakis, shi ne ya haɗa kan marasa lafiyan suka kafa ƙungiyarsu, suka dinga matsa wa hukuma lamba. Aka shafe gidaje da farar ƙasa, aka riƙa share tituna, aka buɗe hanyar da ta zagaye tsibirin, aka kawo janareta, har sinima suka samu da wuraren shan kofi. An yi aure a wurin, an haifi yara. Wannan ne ya fi taɓa ni fiye da labarin wahalar ma, mutanen da aka jefar don su mutu suka ce a'a, gari za mu yi, kuma suka yi. Matar ba ta yi ta ƙoƙarin sa mu kuka ba, a natse take magana, ta nuna mana ɗakin da ake turara kaya don kashe ƙwayar cuta kafin su fita daga tsibirin, da cocin Agios Panteleimon, da ginin asibiti, tana faɗin abin da ake yi a kowanne.

Wani bature a cikinmu ya tambaye ta wai ba hatsari a taɓa bangon? Ta amsa masa da kyau ba tare da ta kunyata shi ba. Ta ce ƙwayar cutar wani likitan Norwe ne mai suna Hansen ya gano ta a 1873, ba gado ba ce ba kuma tsinuwa ba ce, ba ta saurin yaɗuwa, yawancin mutane jikinsu na kare kansa daga ita, kuma yau ana warkewa sarai da haɗin magungunan da Hukumar Lafiya ta Duniya ke bayarwa kyauta tun 1995. Zuwan magani a ƙarshen shekarun 1940 shi ya sa mutane suka fara warkewa suna barin wurin, a 1957 aka rufe, waɗanda suka rage aka mayar da su asibiti a Atens. Limamin cocin ne kaɗai ya zauna har 1962 don ya ci gaba da yi wa mamatan addu'a bisa al'adarsu.

Muna cikin wannan, ba mu ma kai maƙabartar ba, sai ga hon ɗin jirgi. Haba jama'a. Kusan awa ɗaya da 'yan mintuna aka ba mu a tsibirin gaba ɗaya, a ciki har da layin tikiti da layin banɗaki. Hanyar da ta zagaye tsibirin ba ta da wani tsawo amma in kana son ka hau saman ganuwa ka ga Elounda da Plaka daga can, ka shiga ɗan gidan tarihin ka karanta abin da aka rubuta, ka tsaya a kaburburan nan da aka rufe da falalen siminti yawancinsu ba suna, to lokacin nan bai isa ba ko kusa. Da sauri-sauri muka ƙarasa, ita kanta matar ka ga ba haka ta so ba, tana tafiya tana ƙarasa bayani tana duba agogo. Wurin da mutane suka yi shekara da shekaru a tsare bai kamata a bi da baƙi ta cikinsa a guje ba, rashin girmamawa ne a ganina.

Daga nan aka kai mu Kolokytha, wani lungun bakin teku da ke kusa, a nan aka shafe lokaci mai tsawo fiye da na tsibirin. Ruwan yana da kyau gaskiya, garau, yara sun ji daɗi, wanda ya iya iyo zai more. Amma 'yan uwa Musulmi ku saurara da kyau a nan. Gashin naman da ke cikin tikitin na alade ne in ba ka yi magana ba, haka aka saba a can, kuma da giya ake haɗa shi a matsayin abin sha. Mun faɗa musu tun wajen yankan tikiti, suka ce akwai kaza, da aka zo sai muka ga a kan waya ɗaya ake gasa duka da abin juyawa ɗaya. Ba mugunta ba ce, ba su ɗauke shi wani abu ba ne, da muka yi bayani wani matashi cikin ma'aikatan ya ba mu haƙuri ya ƙaro mana salak ɗinsu mai tumatir da kokwamba da zaitun da cukwi, da burodi da kankana, Allah ya saka masa. Da shi muka wuni. Don haka ka ce musu kai mai cin ganye ne kawai tun farko, ya fi sauƙi, ko ka ɗauko guzurinka daga gari. Sallar azahar a gefe muka yi can bayan duwatsu, ba wanda ya kalle mu ma, sai dai ka zo da ɗan abin shimfiɗa da ruwan alwala. Mai iyali kuma ya sani bakin ruwan turawa ne, shigar wanka irin tasu ce, in abin zai dame ka ka zauna a jirgi akwai inuwa.

In da zan ba da maki, matar nan goma bisa goma, jirgi da ma'aikata bakwai, rabon lokaci uku.

Shawarata ga wanda tarihin ne ya dame shi ba wanka ba: ka hau bas daga Agios Nikolaos zuwa Elounda, ko ka ƙarasa Plaka, daga Plaka ƙananan jirage ne ke tsallakawa cikin kamar minti goma kuma suna yawan zirga-zirga a lokacin zafi, sai ka zauna iya son ranka ka dawo da na baya. Amma ka nemi mai jagora mai lasisi ku shirya tun kafin ranar, don in ba mai bayani kango kawai za ka gani ka ɗauki hoto ka fito. Ka tafi da jirgin farko na safe kafin manyan jirage su sauke ɗaruruwan mutane, ka sa kambas ba silifas ba don duwatsun suna da santsi wajen hawa, hula da ruwa babbar gora dole ne, inuwa kaɗan ce a ciki. Masu keken guragu da tsofaffi za su iya bin hanyar ƙasa da taimako amma saman ganuwa ba zai yiwu ba. Kuma harkar ta lokacin baƙi ce, daga wajen Afrilu zuwa Oktoba, in da hunturu za ka zo ka tambaya tukuna ko jiragen na tashi.