Bashin gida a Kumasi: shekara 10 ko shekara 20?

Ƙanina da ke sayar da yadi a kasuwar Kejetiya ya zo mini unguwar Aboabo da takardar banki biyu, duk na rancen sidi 300,000 a kan ruwa kashi 25 cikin ɗari a shekara. Ya ce, "Yaya, ta shekara 20 ta fi sauƙi, ko?"

Na ɗauko biro muka zauna a tabarma.

Ta shekara 10, kowane wata zai biya kusan sidi 6,825. Jimilla 819,000.

Ta shekara 20 kuwa, kusan 6,295 a wata. Sauƙin bai wuce sidi 530 ba, amma jimillar ta haura miliyan ɗaya da rabi. A watan farko, 6,250 duk ruwa ne, sidi 45 kacal ke taɓa uwar kuɗin. Sai ya yi shekaru yana biya, bashin na nan daram kamar ba a taɓa shi ba. Wannan ne ya tayar mini da hankali, don 'ya'yansa uku ba su gama firamare ba.

Gaskiya ne darajar sidi ta sha raguwa, a Disamban 2022 hauhawar farashi ta wuce kashi 50, saboda haka biyan ƙarshe zai yi sauƙi a aljihu. Amma kasuwa ba ta alkawarin shekara 20.

Na ce masa in ya zama dole, ya ɗauki ta 10, ya kuma tambaya ko akwai tara in ya biya da wuri. Maganar riba kuwa, ya ce sai ya ga malaminsa bayan sallar Juma'a.