Duwatsun gaɓar tekun Ayalan: inda ake biya da inda ake kallo kyauta

Yaya, bayan gaisuwa da fatan iyali suna lafiya. Ka tambaye ni ko da gaske Turawa na biyan kuɗi don kallon dutse. Da gaske ne, sai dai abin da kuɗin ke saya maka shi ne wurin ajiye mota, banɗaki mai tsabta, hanyar da ba za ka zame ba, da wanda zai ba ka tarihin wurin.

A Cliffs of Moher, gundumar Clare, da yuro ake biya, kuma wanda ya yanki tikiti ta intanet don zuwa da sassafe ko da yamma yana samun rangwame. Gaɓar ta kai tsawon mita 214 a inda ta fi tudu. Cibiyar baƙi da aka buɗe a 2007 cikin tudu aka haƙa ta, ciyawa ta rufe rufinta, don kada gini ya ɓata wa ido kallo. Wannan dabara ta burge ni. Daga hasumiyar O'Brien ta 1835 za ka hango Branaunmore, wani dogon dutse tsaye shi kaɗai cikin ruwa, mita 67, tsuntsaye sun yi masa fari fat da kashi.

A Arewacin Ayalan kuwa, fam ake kashewa. Giant's Causeway ginshiƙai ne wajen 40,000, yawancinsu masu kusurwa shida, waɗanda narkakken dutse ya haifar da ya huce ya tsattsage. UNESCO ta sa wurin cikin jerinta na wuraren gado na duniya a 1986. Taka duwatsun da ƙafa kyauta ne. Cibiyar baƙi, na'urar bayani da ake sa wa a kunne da wurin mota su ne na kuɗi, sannan akwai ƙaramar bas mai saukar da tsofaffi.

Ni dai Downpatrick Head a gundumar Mayo ya fi kwanta mini. Babu mai karɓar tikiti, sai tumaki da iska. Ka taka ciyawa mai laushi kamar katifa, kwatsam ƙasa ta ƙare, ga Dún Briste a gabanka, ginshiƙin dutse tsaye cikin teku, mita 45, jikinsa layi-layi, rawaya da ja da toka. Igiyar ruwa ce ke fara fafe kogo a gindin gaɓa, kogon ya ɓulle ya zama gada, wata rana gadar ta rufta, ginshiƙi ya rage. An ce ta wannan ta rufta a 1393. Amma arha tana da nata sharaɗi: bakin gaɓar ba shinge, mai yara sai ya riƙe hannunsu gam.

Abin da ke ci wa masu kula da wuraren tuwo a ƙwarya shi ne hannun baƙi. A Burren, wani yanki mai shimfiɗar duwatsu a Clare, mutane sun ɗauki ɗabi'ar ɗora dutse kan dutse, su ɗauki hoto, su tafi abinsu. Ƙarƙashin kowane dutse akwai danshi da ƙwari da tsirrai ke rayuwa a kai, ɗaga shi kuwa tonon gida ne. 'Yan sa-kai kan bi suna rushe tulin. A kan tsaunuka abin ya fi haɗari, domin tulin duwatsu alamar hanya ce ga mai tafiya cikin hazo, na wasa kuma sai ya ɓatar da shi. A Causeway kuɗin ƙarfe ake cusawa cikin tsagar dutse, su yi tsatsa, su kumbura, su fasa shi, har National Trust, ƙungiyar da ke kula da wurin, ta fito tana roƙon a daina.

Idan Allah ya kawo ka, kada ka wahalar da kanka da lema, iskar Atilantika za ta juya ta nan take. Rigar ruwa mai hula da takalmi mai kama ƙasa za mu nema, kuma a shagunan gwanjo na ƙungiyoyin agaji sun fi sauƙi nesa ba kusa ba.