RSD-Gaskiya da CPR-Inganci: uwa da ɗiyarta a Maraɗi

Kafin sojoji su dakatar da jam'iyyu a Nijar a 2023, ɗan Maraɗin da ya gaji da manyan jam'iyyu yana da ƙofofi biyu na gida. RSD-Gaskiya ce uwar. Cheiffou Amadou, ɗan Kornaka, firaministan riƙon ƙwarya daga 1991 zuwa 1993, shi ya kafa ta a 2004 bayan ya raba gari da jam'iyyar CDS-Rahama. A shekarar ya zo na huɗu a zaɓen shugaban ƙasa, jam'iyyar ta sami kujeru 7 a majalisa. A 2009 ta kai 15, amma kada a manta, 'yan adawa sun ƙaurace wa wannan zaɓen.

CPR-Inganci kuwa daga cikinta ta fito. Kassoum Moctar, wanda ya yi magajin garin Maraɗi da tutar Gaskiya, ya ɓalle ya kafa tasa. A 2016 tana da kujeru 3, uwar tana da 4. A 2020 reshe ya juye da mujiya: Inganci 8, Gaskiya 1.

Ni a ganina Gaskiya ta dogara ga girman dattijo guda, ita kuwa Inganci samarin unguwanni ta bi.