Maganin ɓera a gidan da ke da kare, kyanwa ko kaji: wanne za ka saya?

Da an kwaso shinkafa daga fadama an jibge buhuna a ɗaki, ɓera ya samu masauki. Mu nan Kabi kusu muke ce masa, kyanwa kuma mussa. Daga Argungu har Jega, lokacin ne mai tallan magani ke cin kasuwarsa, lasifika a kafaɗa, busassun ɓeraye na reto a sanda. Kowa tambaya ɗaya yake yi masa: “Malam, yana kashewa nan take?” Ni a ganina, mai dabba a gida wata tambayar ce ta kamace shi: in dabbata ta ci, akwai makari?

Mu fara da shinkafar ɓera, wadda ake ƙullawa a leda. Ita ce mafi araha, ita ce kuma ba zan saya ba. Babu suna, babu lambar NAFDAC, launin da aka rina ta da shi kuma ba ya nuna gubar da ke ciki. Ga shi hatsi ce. Kaza da zabo da tantabara ba sa ganin ƙwaya su wuce. Ka je asibitin dabbobi da kare yana shure-shure, likita ya tambaye ka me ya ci, ka ce “jar shinkafa”, ka bar shi da lalube.

Sai baƙin garin nan mai warin tafarnuwa, zink fosfaid. Da ya haɗu da ruwan tsamin ciki sai ya saki iskar guba mai suna fosfin. Cikin mintuna ko 'yan sa'o'i kare ya fara amai, ciki ya kumbura, numfashi ya gagara. Ba shi da makari. Iskar da ke tashi daga aman ma tana iya kayar da mutum, don haka a waje ake barin kare ya yi, ba a ɗaki ba. Ƙwayar Phostoxin da ake sa wa wake a buhu ita ma wannan iskar take saki, kada a kuskura a kai ta ramin ɓera a ɗakin kwana.

Masu zuba fiya-fiya ko Sniper a kan kifi, wannan maganin ƙwari ne, kuma tun 2019 NAFDAC ta hana sayar da ƙaramar kwalbar Sniper a kasuwanni da kantuna. Masu farke kafso ɗin Indocid su barbaɗa a tuwo, su sani yana gyambata cikin kare da kyanwa, yana lalata ƙoda.

Wanda ya cancanci a tsaya a kansa shi ne mai hana jini daskarewa. Iri biyu ne. Na farko, irin su warfarin da sinadarin da ke cikin Racumin, sai ɓera ya yi kwanaki yana ci kafin ya mutu. Na biyu, irin su burodifakum da ke cikin Klerat, ci ɗaya ya isa, amma yana daɗewa a hanta, kyanwa ko mujiyar da ke cin ɓerayen da suka sha shi ita ma tana kwasar rabonta. Dukansu suna da makari, bitamin K1. Sai dai na biyun yakan kai mako 3 zuwa 4 ana ba dabba magani kullum. Mai kyanwa, na farkon ya fi masa sauƙin haɗari.

Makircinsa shi ne jinkiri. Wani maƙwabcina mafarauci ya tarar karensa ya tauna dunƙule biyu a bayan buhuna. Ya ɗura masa manja da nono, kare ya tashi yana kaɗa wutsiya, aka ce an tsallake. Rana ta huɗu ya ƙi tashi daga gindin darbejiya. Na ɗaga leɓensa, dasashin fari fat kamar audugar rimi, numfashi sama-sama, ɗan jini na bin hanci. Haka maganin yake, sai kwana 3 zuwa 5 alama ke fita, lokacin jini ya riga ya tsiyaya a ciki. Da a ranar aka kai shi tare da kwalin, cikin sa'o'i biyun farko likita zai iya sa shi amai, ya ba shi gawayin asibiti mai tsotse guba, ya fara K1. Manja ba makari ba ne. In zink fosfaid ne ma, abinci ƙara tsamin ciki yake yi, gubar ta ƙara tashi.

Tarko fa? Shi zan fara saya. Na ƙarfe, da ɗan ƙuliƙuli ko kan busasshen kifi, a jingina shi da bango inda ake ganin kashin ɓera, a kifa kwando a kai da ƙofa kaɗan saboda 'yan tsaki. Na gam ban cika so ba: ƙurar hunturu tana kashe danƙonsa, yana kama ƙadangare da ɗan tsako, ɓeran kuma ya kwana yana kuka.

In ɓarnar ta fi ƙarfin tarko, sayi mai hana jini daskarewa na dunƙule, ba na hatsi ba, a kwalinsa, da sunan sinadari da lambar NAFDAC. Samu guntun bututun ruwa mai tsawon kamu ɗaya, ɗaure dunƙulen da waya a tsakiya yadda bakin kare da hannun yaro ba za su kai ba, ka danne da bulo. Kowace safiya kewaya ka kwashe matattu kafin a saki kaji, hannu cikin leda, don ta fitsari da kashin ɓera zazzaɓin Lassa ke kama mutum. A binne su da zurfi, kare gwanin tono ne. Kwalin kuma kada ka jefar. Ɗauki hotonsa a waya, ka ajiye lambar likitan dabbobi mafi kusa da kai.